Hawan jini gado ne, amma ba irin gadon sikila ba

Jama'a da yawa sun fahimci yadda sikila take: idan mai AS ya auri mai AS, kowane ciki yana da kashi 1 cikin 4 na haihuwar mai SS. Ƙwayar halitta guda ce ke yanke wannan, shi ya sa gwajin jini kafin aure ke ba da amsa. Sai wasu su ɗauka hawan jini ma haka yake, wanda mahaifinsa ya kamu shi ma ya kamu, wanda ba a taɓa yi a gidansu ba ya tsira. Duka biyun kuskure ne, kuma kuskuren yana kai mutane ga shanyewar ɓarin jiki.

Hawan jini ba ƙwaya ɗaya ke kawo shi ba. Wani bincike da aka wallafa a 2024, kan mutane fiye da miliyan 1, ya gano wurare sama da 2,000 a ƙwayoyin halittar ɗan Adam da ke taɓa ƙarfin bugun jini. Kowanne tasirinsa ɗan kaɗan ne: wani yana sa ƙoda ta riƙe gishiri, wani yana shafar yadda jijiyoyi ke saki ko tsukewa. Da yayyafi kogi kan cika. Tsayin mutum ma haka ne, a 2022 an lissafa bambance-bambancen ƙwayoyin halitta fiye da 12,000 da ke da hannu a ciki. Shi ya sa wa da ƙane, uwa ɗaya uba ɗaya, ɗaya ya kamu yana ɗan shekara 40, ɗayan ya tsufa lafiya. Rabon da kowa ya ɗauko daban ne. Yawancin waɗanda aka yi binciken a kansu Turawa ne, don haka gwajin ƙwayoyin halitta don hasashen wanda zai kamu da hawan jini bai cika dacewa da mu ba tukuna.

Abin da ya rage a hannunmu yana da yawa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada gishirin babba ya kai giram 5 a rana, kusan ƙaramin cokalin shayi, kuma dunƙulen ɗanɗano da kanwa duk cikin lissafi suke. Ƙiba, taba da zaman wuri ɗaya suna ƙara kan abin da aka gada.

Baba, Inna, ko da jiki bai nuna komai ba, ku je asibitin sha-ka-tafi a auna ku. Idan awo ya kai 140/90 a ranaku daban-daban, ku ga likita, kuma kada ku bar magani don kun ji sauƙi.