Ba duk doguwar kwalbar inabi ce giya ba

An daɗe ana cewa a Kano duk ruwan inabin da ake fasawa a wajen dinar biki giya ce, ba haka abin yake ba. Ko a gonakin tsaunukan Italiya da Faransa inda ake zagayawa da baƙi suna ɗanɗanawa, abin da aka fara matsewa daga inabin jus ne kawai, sai yis ya yi kwanaki yana cin sukarin sannan ya koma barasa. In an dafa jus ɗin an toshe kwalbar, yis ɗin ya mutu ba zai koma barasa ba, kumfar kuma gas ce irin ta lemo. Amma fa akwai wadda asalinta giya ce aka cire mata barasar, sauran barasar da ke cikinta kan kai har 0.5%, don haka a riƙa karanta bayan kwalba da kayan haɗin kafin a saya. Don Allah a tura wa 'yan uwa.