Diyyar hatsarin mota: tun daga ina alƙali ya daina yanke ta da kansa?

Duk lokacin da aka yi mummunan hatsari a hanyar Maradi zuwa Tasawa ko wadda ta nufi Ɗan Isa, maganar diyya takan sake tashi a gidajen rediyo da wuraren zaman makoki. Wasu su ce shari'a tana jan ƙafa, wasu su ce abin da ake ba iyalan mamaci bai taka kara ya karya ba, wasu kuma su ce ai musulmi yafewa yake yi. Ana maganar kamar jiya ta faro, alhali ta haura shekara 30.

Farkon labarin sananne ne. Da Nijar ta samu ƴancin kai a 1960, ta ci gaba da aiki da dokar farar hula da ta gada daga Faransa, wadda ta ce duk wanda ya jawo wa wani ɓarna da laifinsa, shi zai gyara. Alƙali ne ke duba raunin da halin iyali, ya faɗi kuɗin da ya ga ya dace.

Abin da ba a cika tunawa ba shi ne ranar 10 ga Yuli 1992 a Yawunde, babban birnin Kamaru. A ranar ƙasashen Afirka masu amfani da kuɗin sefa, har da Nijar, suka sa hannu kan yarjejeniyar CIMA, ƙungiyarsu mai kula da harkar inshora, wadda ta zo da kundin dokokin inshora guda ɗaya, wanda ya fara aiki a Fabrairun 1995. Akwai dalili mai ƙarfi a lokacin: hukunci yakan bambanta daga kotu zuwa kotu, kamfanonin inshora kuma suna kukan cewa kuɗin da ake yanke musu zai durƙusar da su. Sai aka kawo ma'auni tsayayye.

Daga nan abubuwa biyu suka sauya. Na farko, wanda aka ji wa rauni ba ya zarcewa kotu kai tsaye. Jandarma ko ɗan sandan da ya yi konsta, wato ya duba wurin hatsarin ya rubuta abin da ya faru, zai aika rahotonsa ga kamfanin inshora cikin wata 3, kamfanin kuma, yadda aka rubuta dokar tun farko, yana da wata 12 ya gabatar da tayin biya. Sai wa'adin ya cika ba a daidaita ba sannan a je gaban alƙali. Na biyu, ko an je, alƙalin ba shi da ikon yanke abin da zuciyarsa ta raya masa. Ma'aunin kundin zai bi, ma'aunin kuma an ɗaure shi da albashi mafi ƙanƙanta na ƙasa.

A nan ne, a ganina, gizo ke saƙar. Ma'aikacin gwamnati yana da takardar albashi, da ita za a yi masa lissafi. Ɗan kasuwa kuwa sai ya kawo takardun harajinsa na shekara 2 kafin hatsarin. Wanda ba shi da ko ɗaya, da albashi mafi ƙanƙanta za a auna shi, wato jika 30 da ƴan kai a wata daga 2012, sai a 2024 ya koma jika 42. To a Maradi, garin fatauci da noma, mutum nawa ne ke da irin waɗannan takardu? Dillalin shanu, mai sayar da gero da wake a kasuwa, ɗan kabu-kabu mai ciyar da gida biyu, duk a rubuce talakawa ne masu samun jika 42, komai yawan bakin da ke ci a ƙarƙashinsu.

Sai kuma ka dubi matar da mijinta ya rasu a hanya. Tana cikin takaba za a ce ta kawo takardar mutuwa, da hukuncin da ya tabbatar da magada, da takardun haihuwar yara. A ƙauye, aure a gaban malam aka ɗaura shi, yaran a gida aka haife su. Kafin ta haɗa waɗannan, dangin direba sun zo da dattawa, an yi addu'a, an ba da ɗan abin sadaka, an ce an yafe. Ban raina yafiya ba, amma marayun nan ba a tambaye su ba, kuma kuɗin da aka yafe ba daga aljihun direban zai fito ba in motarsa tana da inshora. Mutane da yawa ba su san haka ba, ba su kuma san cewa bayan shekara 5 haƙƙin neman diyyar yana iya faɗuwa ba.

Inda abin hawan ba shi da inshora ko kaɗan, kamar baburan da suka cika gari, mai rauni da mai babur ne kaɗai ke fuskantar juna, kuma sau da yawa dukkansu ba su da abin biyan likita.