"Kalandar wata": ta Sin daban, ta Hijira daban

Duk shekara, tsakanin ƙarshen Janairu da tsakiyar Fabrairu, sai ka ji masu karanta labarai suna cewa mutanen ƙasar Sin na bikin sabuwar shekara "bisa kalandar wata". Wani har ya ƙara da cewa, "irin dai tamu ta Musulunci". Wannan ƙarin shi ke ci mini tuwo a ƙwarya, domin ba irin tamu ba ce, kuma bambancin ba ƙarami ba ne.

Daga tsayuwar wata zuwa tsayuwar na gaba kwana 29 ne da rabi, shi ya sa wata kan yi 29 ko ya cika 30. Goma sha biyu sun ba ka kwana 354. Ita kuwa shekarar rana, wadda damina da rani ke bi, kwana 365 ce da 'yan sa'o'i. Giɓin kwana 11 ke nan, kuma duk al'ummar da ta taɓa ƙirga lokaci da wata sai da ta zaɓi yadda za ta yi da shi.

Mu mun bar giɓin yadda yake. Shi ya sa aka ɗauki azumi ranar 11 ga Maris a 2024, aka ɗauka ranar 1 ga Maris a 2025, haka zai yi ta ja da baya har ya zagaye shekara cikin kimanin shekara 33. A 2030 ma Ramadan sau biyu zai kama, ɗaya a Janairu, ɗaya a Disamba.

Sinawa ba su bari ba. Sabuwar shekararsu ta faɗo ranar 10 ga Fabrairu a 2024, ta koma 29 ga Janairu a 2025. Mai kallo daga nesa zai ce ai ga ta nan tana ja da baya kamar Sallah. To ta 2026 fa? Ranar 17 ga Fabrairu. Abin da ya faru shi ne, a 2025 watan shida sau biyu ya zo musu, shekarar ta yi wata 13, kwana 384. Sukan cusa irin wannan wata sau 7 cikin kowace shekara 19, Yahudawa ma haka suke yi da tasu. Don haka bikin ba ya fita daga tsakanin 21 ga Janairu da 20 ga Fabrairu. Dalilinsu noma ne: sunan bikin ma "bikin bazara", kuma bazararsu ita ce lokacin da sanyi ke sakin ƙasa, ba irin tamu mai zafin nan ba. Watanninsu na wata ne, amma shekarar a ɗaure take da rana, kamar akuya a turke: ta zagaya iya tsawon igiya, ta dawo.

Kalmar da ta kamata mu tuna a nan ita ce nasi'u. Tana cikin Suratu Tauba, aya ta 37, nan da nan bayan ayar da ta ce adadin watanni a wurin Allah goma sha biyu ne, huɗu daga ciki masu alfarma. Asalin kalmar jinkirtawa ne. Ɗaliban fiƙihu sun san 'yar uwarta a babin ciniki, wato riba ta nasi'a, ƙarin da ake ɗora wa bashi saboda an jinkirta biya. Larabawan jahiliyya kan ga wata uku a jere, Zulƙida da Zulhajji da Muharram, ba yaƙi ba hari, abin ya yi musu tsawo, sai a sanar cewa bana alfarmar Muharram ta koma Safar. Malaman tafsiri da yawa haka suka fassara nasi'u. Wasu masana tarihi kuma sun ce har wata ake ƙarawa don aikin hajji da kasuwanninsa su riƙa faɗowa a yanayi guda. Su kansu sunayen watannin sun nuna alamar haka: Ramadan daga zafin ƙasa mai ƙuna yake, Jumada daga daskarewar ruwa, amma yau Ramadan kan zo da hunturu, Jumada ta zo da zufa. A hajjin bankwana, shekara ta 10 bayan Hijira, Annabi (SAW) ya rufe wannan ƙofa.

Ni dai ina ganin rahama a cikin wannan sakin da aka yi wa watanninmu. Wanda ya kai shekara hamsin a Sakkwato ya yi azumi a zafin Afrilu mai tsage leɓe, ya yi shi cikin ruwan Agusta, ya yi shi da sanyin Disamba. Da an ɗaure Ramadan da rana, da wasu ƙasashe sun gaji dogon wuni har abada, wasu sun gaji gajere. Ba na zargin Sinawa da komai, buƙatarsu daban. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a haɗa biyun a suna ɗaya, har yaro ya tashi bai san cewa abin da tasu ta ginu a kai shi ne ainihin abin da tamu ta bari ba. Ko farkon watan ma ba ɗaya ba ne: su lissafi suke yi, watansu kan fara a ranar da wata ya ɓuya gaba ɗaya, mu kuwa sai an ga jinjirinsa, an kai shaida, Sarkin Musulmi ya yi sanarwa.

Kakanninmu sun san kalandar Hijira ba ta faɗin ranar shuka, kuma ba su taɓa ta ba. Sun bar mata azumi da layya da cika-ciki, suka yi wa gona nata lissafin. Malamai na bin taurari, kowane da kwana 13, ana cewa yau Haƙ'a ta shiga, nan gaba ana jiran Nasara ko Ɗarfa. Manomi kuma na ƙirga watanninsa daga bayan kaka. Idan ka ji tsoho ya ce watan bakwai maƙarar rani, ko ba ruwa da alama, ba Rajab yake nufi ba.