Mene ne "burnout" da ake ta liƙa wa malaman makaranta?

Kalmar burnout ta shiga bakin kowa. Mai gabatar da shiri a rediyo ya ce malamai na fama da ita, jami'in ma'aikatar ilimi ya ce an shirya bita don magance ta, har ɗalibin da ya kwana karatun jarrabawa ma cewa yake ta kama shi. In aka nemi fassara sai a ce "matsananciyar gajiya", a wuce wurin. To in gajiya ce kawai, me ya kawo sabon suna? Ai tun da aka fara koyarwa malamai ke gajiya.

Akwai kuma masu haɗa ta da sitires, wato matsi, kamar abu ɗaya ne. Matsi daban yake. Hans Selye, wani likita mai bincike a Kanada, shi ya fara bayyana shi a 1936: idan abu ya taso wa mutum, jiki kan tashi tsaye, ya saki sinadarai irin su kotisol, zuciya ta ƙara bugu, barci ya ƙaurace. Malamin da sufeto zai shiga ajinsa gobe, ko wanda takardun jarrabawa suka taru masa ga wa'adin miƙa sakamako ya ƙarato, wannan matsi yake ciki. Abin lura shi ne har yanzu ya damu da aikin. Damuwar ce ma ta hana shi barci. Sufeto na tafiya, ya sauke ajiyar zuciya.

Asalin burnout kuwa ba daga makaranta ta fito ba, ba kuma daga ofis ba. A unguwannin birnin New York na Amurka, wajen ƙarshen shekarun 1960, da ita ake kwatanta ɗan ƙwayar da ƙwaya ta gama cinyewa: ga mutum nan zaune, ido buɗe, amma babu kowa a ciki. Ma'anarta ta zahiri ita ce abu ya ci wuta har ya ƙone ƙurmus. Wani masanin halayyar ɗan Adam mai suna Herbert Freudenberger, haifaffen Jamus da ya tsere wa 'yan Nazi tun yana yaro, yana duba marasa lafiyarsa da rana, da dare kuma ya tafi wani asibitin kyauta inda ake kula da irin waɗannan 'yan ƙwaya. Can ya ga abin da ya ɗaure masa kai. Matasan da ke zuwa aikin sa-kai, waɗanda suka shigo da zumuɗi ba don ko sisi ba, bayan kamar shekara guda sai su soma kama da mutanen da suka zo taimaka wa. Ga saurin fushi, ga ciwon kai da mura da ba sa ƙarewa, ga zargin kowa, sannan su riƙa yi wa marasa lafiyan kallon kaya. Shi kansa bai tsira ba. A 1974 ya rubuta maƙala a kai, ya ɗauki sunan da ake kiran 'yan ƙwayar ya ɗora wa ma'aikatan.

A cikin maƙalar ya tambayi kansa: su wa abin ya fi kamawa? Amsarsa ita ce masu himma, waɗanda suka ba da kansu ga aikin. Wannan ne masu sharhi ke tsallakewa. Fitila ce man ya ƙare aka ci gaba da murɗo lagwani, sai lagwanin ya koma cin kansa. Wadda ba a taɓa kunnawa ba babu abin da zai same ta. Saboda haka duk sanda na ji wani babba yana cewa malaman zamani ragwaye ne shi ya sa suke kukan burnout, na san bai san kalmar da yake furtawa ba. Rago ba ya ƙonewa. Zan kira abin ƙonewar aiki daga nan, don ya fi "gajiya" kusa da gaskiya.

Christina Maslach ta Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley ita ta mayar da zancen abin aunawa. A 1981, ita da Susan Jackson suka fitar da ma'aunin tambayoyi 22, daga baya aka yi wa malamai nasu na musamman. Alamomi uku suke nema: ƙarfin zuciya ya ƙare, mutum ya janye zuciyarsa daga waɗanda yake yi wa aiki, sannan ya daina ganin aikinsa na tsinana wani abu. Ta farkon kowa ya sani, ita ake faɗa a rediyo. Ta biyun ce ainihin maganar, kuma ita ce ba a son ambata, domin ba ta da daɗin ji. Cikin tambayoyin akwai wadda ke neman malami ya faɗi sau nawa yake jin bai damu da abin da zai sami wasu ɗalibansa ba.

A ɗauki malamar da a shekarunta na farko ba ta cika mako biyu sai ta haddace sunayen 'yan ajinta. Ita ce ke lura yarinyar da ke zama kusa da taga ta kwana uku ba ta ɗaga hannu ba, ta tsayar da ita bayan an kaɗa ƙararrawa ta ce, "Zo nan, me ke damun ki?" Yau malamar nan ba ta fashi, ba ta makara, rajistarta a cike, tsarin darasinta da sa hannun shugaban makaranta. Tana shiga ta cika allo da rubutu, ta zauna. Wata ta matso da littafi ta ce, "Malama, ban gane na uku ba." Ko kai ba ta ɗaga ba ta ce, "Ki tambayi ta kusa da ke." Ba tsawa, ba harara. Sunaye sun koma "ke ta bayan can". A ɗakin malamai kuma maganarta ɗaya ce: waɗannan yaran ko me ka yi musu ba sa ganewa. Sufeton da ya zo duba takardu zai ba ta maki mai kyau ya tafi.

Ba mugunta ce ta shige ta ba, kare kanta take yi. Philip Jackson, wani mai bincike a Amurka, ya ƙiyasta tun 1968 cewa malamin firamare kan yi mu'amala da yara har kusan sau 1,000 a rana guda. Kowace na neman wani abu daga gare shi: haƙuri, hukunci, murmushi, ko haɗiye fushi. In babu abin da ke mayar da abin da ake ɗiba, zuciya da kanta take rufe ƙofa.

Sai babban ruɗanin, wanda har yau ake maimaitawa: wai Hukumar Lafiya ta Duniya ta ayyana ƙonewar aiki a matsayin cuta. Ba ta yi ba. A watan Mayun 2019 kafafen labarai da yawa suka yaɗa hakan, har sai da hukumar ta fito ta yi gyara. Ta sa abin a kundinta na rarrabe cututtuka da lamuran da suka shafi lafiya, wato ICD-11, wanda ya fara aiki a 2022, amma a matsayin lamarin da ya shafi sana'a, mai tasowa daga matsin wurin aiki da ya daɗe ba a shawo kansa ba. Ta kuma ce kada a yi amfani da kalmar a wasu fannonin rayuwa. Akwai ƙasashe irin su Suwidin da likitocinsu ke da wani suna na asibiti ga makamancin wannan hali, kuma masana na ta muhawara kan inda ƙonewar aiki ta tsaya da inda ciwon damuwa ya fara. Malamin da ko a gida, ko cikin iyalinsa, ba ya jin daɗin komai, likita ya kamata ya gani ba tare da ɓata lokaci ba.

Me ya sa na nace kan wannan bambanci? Domin da zarar an ce cuta ce, an sauke nauyin a kan malami. Shi ne marar lafiya, shi zai nemi magani. Daga nan ake samun bitar kwana ɗaya inda ake koya wa malamai jan numfashi da tsara lokaci, a raba takardar shaida, washegari kowa ya koma ajin da ya baro, da yawan yaran da ya baro, da fom-fom ɗin da ya baro. Maslach da abokin aikinta Michael Leiter sun nuna cewa yawan aiki ɗaya ne kawai daga cikin masu jawo abin. Akwai rashin ta-cewa kan yadda za ka yi aikinka, akwai rashin sakayya ko da ta yabo ce, akwai rashin adalci wajen rabon aiki da ƙarin girma, akwai kuma a tilasta maka yin abin da ka san bai dace ba, kamar haye da yaron da ka tabbata bai iya karatu ba don alƙaluman makaranta su yi kyau. A binciken da ƙungiyar haɗin kan tattalin arziki da ci gaba ta OECD ta yi wa malaman ƙasashe 48 a 2018, kusan rabinsu sun ambaci aikin cike takardu a matsayin abin da ke matsa musu. Babu jan numfashin da ke rage fom ko ɗaya.

Masu cewa "ai malamai sun fi kowa hutu" su ma an gwada maganarsu. Wasu masu bincike biyu na Jamus, Jana Kühnel da Sabine Sonnentag, sun bibiyi malamai 131 kafin hutu da bayansa. Hutun ya yi amfani, gajiyar ta ragu ƙwarai, amma cikin wata guda da komawa aji amfanin ya gushe.

Hukumar ilimi ta Majalisar Ɗinkin Duniya, UNESCO, ta ce duniya na buƙatar ƙarin malamai miliyan 44 kafin 2030, kuma adadin malaman firamare da ke barin aikin ya kusa ninkawa, daga kashi 4.6 cikin ɗari a 2015 zuwa kashi 9 a 2022. Waɗannan su ne suka tafi, shi ya sa aka iya ƙirga su. Wanda ya ƙone ya zauna ba ya cikin lissafin, sai dai yaran da ke gabansa su ne ke ɗauka. A 2016 masu bincike a Jami'ar British Columbia ta Kanada sun auna yawun yara 'yan firamare fiye da 400, suka tarar kotisol ɗin safiya ya fi yawa a jikin yaran da malamansu suka fi nuna alamun ƙonewar aiki.