Yadda fim ɗin Shaihu Umar ya ɓace kusan shekara 40 sannan ya dawo

Da yawa cikin matasanmu ɗauka suke da Kannywood aka fara fim da Hausa, alhali kuwa abin ya girmi haka nesa ba kusa ba. Tun 1939 Turawan mulkin mallaka suka kafa Colonial Film Unit, motar majigi ta riƙa zagaye gari-gari, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan magariba a haska yadda ake noman auduga da tsafta da rigakafi, yara a gaba zaune a ƙasa, manya a baya tsaye. Daga baya Federal Film Unit ta gaji aikin, a ƙarƙashinta kuma Adamu Halilu ya shirya Shaihu Umar a 1976, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, Hausa zalla aka yi a ciki.

Sai fim ya yi ɓatan dabo, a ji sunansa a littattafai amma ba mai iya cewa ga shi.

Shi fim na wancan zamanin naɗe shi ake a cikin gwangwani, kuma ba abin da ya tsana kaman zafi da danshi, in aka bar shi a ɗakin da ba na'urar sanyaya ɗaki sai ya fara wani warin tsami, ya lanƙwashe, ya manne da juna, hoton ya dishe, in ya kai wani mataki kuma ba gyara sai haƙuri. A 2016 aka gano gwangwanayen Shaihu Umar a ma'ajiyar Hukumar Fim ta Najeriya, Didi Cheeka na Lagos Film Society yana cikin waɗanda suka tsaya kai da fata a kan lamarin, cibiyar fina-finai ta Arsenal da ke Balin a Jamus ta gyara shi ta mayar da shi dijital, aka haska shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Wallahi abin farin ciki ne, amma yana min ciwo a ce labarin Tafawa Ɓalewa sai da ya je Jamus kafin ya sake ganin haske. Aƙalla dai yanzu Jami'ar Jos tana da kwas na digiri na biyu kan adana fim tare da Jami'ar Goethe ta Frankfurt.

Abin da ya fi damuna yanzu kaset ɗin bidiyo ne. Tun daga Turmin Danya a 1990, fina-finan Kano na farko duk a kaset aka sake su, shi kuma kaset fumfuna yake, zaren ya tsinke, ga shi kamfanin Funai na Japan, wanda shi ne na ƙarshe mai ƙera na'urar kunna kaset ɗin bidiyo, ya daina tun 2016. Wasu sun ɗora 'yan kaɗan a YouTube, Allah ya saka musu, amma hoto dishi-dishi, wani an gutsure farkonsa, ba shekara ba sunan darakta. Dan Allah furodusan da har yanzu yake da masta, wato kaset ɗin asali, a kwali ko ƙarƙashin gado ya nemi mai na'ura a juye masa tun kaset ɗin yana iya juyawa, a rubuta shekarar da sunayen 'yan wasan a jiki.