Dorina, goge da kyamarar Jean Rouch: tambayoyi kan tsofaffin gajerun finafinan Nijar

Wane ne Jean Rouch?

Bafaranshe ne da ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanya, daga baya ya rungumi kyamara. A 1946 zuwa 1947 ya bi kogin Neja cikin kwalekwale da abokansa biyu, yana ɗaukar rayuwar mutanen bakin ruwa. Ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, aka binne shi a Yamai.

Me ake gani a finafinan?

Kogi, daji, farauta, masunta, da kiɗan iskoki na Zabarmawa da Songhai, wanda duk Bahaushen da ya san bori zai gane shi nan take. Fim ɗinsa na 1952, Bataille sur le grand fleuve, kan farautar dorina ne da Sarkawan Ayorou, wani gari a bakin kogin Neja, ke yi da mashi. A nan ya yi aiki da Damouré Zika, Basarke, abokinsa har ƙarshen rai.

Kiɗan da ake ji, na wurin ne ko ɗorawa aka yi?

Nan ne gizo ke saƙa. Kyamarar wancan lokaci ba ta ɗaukar sauti tare da hoto, sai daga baya a ɗora. Rouch ya ɗora kiɗan mafarauta a kan farautar dorinar, sannan ya koma Ayorou ya haska wa Sarkawan fim ɗin. Ba su yarda ba. Suka ce ba a kiɗa a wannan farauta, domin dorina na ji ko tana ƙarƙashin ruwa, kuma za ta gudu. Ya cire kiɗan. A ganina sun fi shi sanin fim a ranar.

Da na'ura ta ci gaba, labari ya canza. A 1971 a ƙauyen Simiri ya ɗauki Tourou et Bitti a ɗauka ɗaya, kusan minti 10, goge da ganguna na tashi a gaban kyamara, mutanen gari na neman iskoki su kare musu amfanin gona daga fara.

Kowa ya yaba masa?

A'a. Ousmane Sembène, mai shirya finafinai na Senegal, ya faɗa masa ido da ido a 1965 cewa irinsa suna kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Zargin na da tushe, musamman a finafinan farko, inda muryar Bature ke bayani, waɗanda ake nunawa kuwa ba a jin ta bakinsu.