Ka sayi gem a PS kana son kuɗinka: abin da ƙa'ida ta ce, da abin da 'yan guruf suka ƙara

Sau uku ke nan cikin mako guda ana turo mini wani saƙon murya a WhatsApp. Mai maganar, wanda har yau ban ga wanda ya san shi ba, rantsuwa yake yi cewa duk wanda ya sayi gem a kan na'urar PlayStation (PS), muddin bai buga shi ya kai awa biyu ba, dole Sony, kamfanin da ke yin na'urar, ya mayar masa da kuɗinsa. Ya ƙara da cewa in sun yi taurin kai, ka je bankinka ka ce ba kai ka yi cinikin ba, a janyo maka kuɗin da ƙarfin tsiya. Na ukun da ya turo mini ƙanena ne, mai gidan gem a Yelwa ta Bauchi, can wajen da ɗalibai suka fi yawa. Shi tsoro ne ma ya kama shi, don a wani guruf an gaya masa akasin haka, wai ko tambaya ka yi a mayar maka da kuɗi sai an toshe maka na'ura. Ya ce, "Yaya, don Allah wanne ne gaskiya? Ni fa PS huɗun nan su ne jarina duka."

Babu na gaskiya a ciki. Sai dai ba ɗaya suke ba wajen ɓarna. Wanda ya yarda da na biyu, kuɗin gem ɗaya zai bari ya tafi. Wanda ya yarda da na farko yana iya wayar gari ya tarar an kulle masa asusu da duk abin da ya tara a ciki.

Maganar awa biyu ba ƙirƙira ba ce, aro aka yi. Ƙa'idar Steam ce, kasuwar gem ta masu kwamfuta, wadda kamfanin Valve ya mallaka. A can, idan cinikin bai wuce kwana 14 ba kuma ba ka buga ya kai awa biyu ba, suna mayarwa. Wani ya ji wannan ya kwaso ya kawo wa masu PS, kamar mutum ya ji farashin masara a kasuwar Muda Lawal ya je kasuwar Wunti yana rigima da mai atamfa.

Ƙa'idar PlayStation Store daban take. Kana da kwana 14 daga ranar da ka saya ka fasa cinikin, amma da sharaɗi guda: ba ka fara sauke gem ɗin ba. A nan mutane suke faɗawa rami, domin ba a ce "ba ka buga ba", an ce "ba ka fara saukewa ba". Ko kashi ɗaya cikin ɗari ya sauka ka katse, ko wuta ta ɗauke a tsakiya, ko ba ka taɓa ganin fuskar gem ɗin ba, a wajensu ka karɓi kaya. A kasuwarmu mai kaya ne yake cewa "na sallama", ciniki ya faɗa. A nan kai ne kake sallamawa da babban yatsanka, a lokacin da ka danna maɓallin saukewa, wanda kuma shi ne abu na farko da na'ura za ta nuna maka da zarar ka biya. Kwana 14 ɗin da ake ta ambato, ga yawancin mutane, bai kai minti ɗaya ba.

Ni dai ban ga adalci sosai a nan ba. Takalmi ma a Wunti sai ka sa ƙafa ka taka kafin ka biya. Gem na kusan dala 70, wanda in ka juya shi da canjin yau ya fi albashin wasu na wata, an ce ka yanke shawara tun kafin ka taɓa shi. To amma haka aka rubuta, kuma haka ka amince ranar da ka buɗe asusu ka danna "na yarda" ba ka karanta ba, kamar yadda ni ma ban karanta ba.

Ƙofa ɗaya aka bari bayan saukewa: idan gem ɗin kansa yana da matsala. Wanda ya yi karatun zaure ba zai sha wahalar gane wannan ba, don malaman fiƙihu sun daɗe da raba abu biyu. Akwai mayar da kaya saboda aibi, wannan haƙƙinka ne. Akwai kuma iƙala, wato ka yi nadama ka roƙi mai kaya ya karɓi abinsa, wannan alfarma ce, in ya ga dama ya yi. Gem bai yi maka daɗi ba, nadama ce. Abokanka duk sun koma wani, nadama ce. An karya farashinsa kwana uku bayan ka saya, nadama ce mai zafi, amma nadama ce. Intanet ɗinka ba ta da ƙarfi ana fitar da kai daga wasa, wannan aibin layinka ne. Aibin gem shi ne irin abin da ya faru da Cyberpunk 2077 a Disambar 2020, lokacin da ya fito yana ta lalacewa a kan PS4 har Sony ya cire shi daga kasuwarsa ya mayar wa duk mai so kuɗinsa. Haka Concord a 2024, wanda aka rufe makonni biyu da fitowarsa aka mayar wa masu saye. Irin waɗannan labarai ne suke sa mutane zaton ko yaushe haka ake yi, alhali saboda ba a saba gani ba ne ma suka zama labari.

Akwai wani tarkon da ya fi kama masu gidan gem. Ka sayi faifan ƙwallo na yankin Turai a shago, asusunka kuma na Amurka ne, ka je ka sayi ƙarin kaya na cikin gem ɗin, sai ya ƙi hawa saboda yankunan ba ɗaya ba ne. Idan ka lura kafin ka sauke, nemi kuɗinka nan take. Maki na cikin wasa kuwa, irin FC Points da yara ke saye don buɗe 'yan ƙwallo, ana ɗaukar an kai maka su da zarar ka buɗe gem ɗin bayan saye. Wanda ya saya bisa kuskure, kada ya kunna don ya duba ko sun shiga.

Wanda ya biya gem tun kafin ya fito yana iya fasawa har zuwa ranar fitowa, in dai bai bar na'ura ta fara sauke shi ba, kuma ita tana iya farawa da kanta idan an bar mata wannan saitin a kunne. Mai rajistar PlayStation Plus, wadda ake biya wata-wata ko shekara-shekara, yana da kwana 14, ana iya cire na kwanakin da ya ci. Masu Xbox, na'urar gem ta kamfanin Microsoft, sun fi samun sassauci: kwana 14, kuma ba ka buga da yawa ba, sai dai Microsoft yana duba kowace buƙata ne da kanta, kuma in ka mai da abin sana'a zai daina kula ka. Nintendo kuwa, wani kamfanin na'urar gem, a fili yake cewa ba ya mayar da kuɗin wanda ya saya bisa kuskure.

Yanzu ga abin da mai saƙon muryar bai faɗa ba. Ko an amince an mayar, ba lallai ka ga naira ba. Najeriya ba ta cikin jerin ƙasashen da ake zaɓa wajen buɗe asusun PlayStation, a nahiyarmu Afirka ta Kudu ce a ciki. Shi ya sa kusan kowa a Bauchi yake da asusun Amurka, ko Ingila, ko Turkiyya, yana sayen gif kad, wato katin loda kuɗi, wajen masu sayarwa ya loda a lalitar asusun. Kuɗin da ya fita daga lalita, lalita yake komawa. Za ka iya sayen wani gem da shi, amma ba za ka cire shi ka biya kuɗin fetur ɗin janareto ba. Shi kansa katin, da zarar ka shigar da lambobinsa, magana ta ƙare. Wanda kuma aka "loda wa gem" daga asusun wani, ba shi da bakin magana da kamfani ko kaɗan, don ba shi ne mai asusu ba. Abokin cinikinsa shi ne wanda ya karɓi kuɗinsa hannu da hannu.

Sai batun banki, wanda shi ne ya sa na zauna rubutun nan. Gaskiya ne mai katin dala yana iya kai ƙara bankinsa ko manhajar da ta ba shi katin cewa bai yarda da wani cire kuɗi ba, kuma wani lokaci ana janyowa. An yi wannan hanyar ne don wanda aka sace masa kati. Abin da yake biyo baya shi ne, a lissafin Sony kai ka karɓi kaya sannan ka ƙwace kuɗin, saboda haka ana bin asusunka bashi. Sai su dakatar da asusun har ka biya. Ba gem ɗin da kuke rigima a kansa kaɗai zai tsaya ba. Wasan intanet ya tsaya, kasuwa ta rufe maka, kuma kayan da ka saya shekara da shekaru suna iya ƙin buɗewa. Ka yi tunanin mai gidan gem da ya ɗora na'urorinsa a kan asusu ɗaya, ranar Asabar da yamma yara sun cika benci, allo na nuna an dakatar. A ƙarshe kuɗin da ka janyo sai ka mayar da su cif kafin a buɗe, ga kwanakin ciniki da suka wuce. Ban da wannan, cewa banki "ba ni na yi ba" alhali kai ka yi, ƙarya ce da kake sa hannu a kanta.

Tambaya ta hanyar da aka tanada kuwa ba laifi ba ce. Ka shiga shafin PlayStation da asusun da aka yi cinikin, ka nemo cinikin a tarihin sayayyarka ko a imel ɗin rasit, ka nemi a mayar. Iyakacin abin da zai faru su ce a'a. Tsoron toshe na'ura ya samo asali ne daga labarin waɗanda suka bi ta banki, aka ba da rabin labarin aka bar rabi.

To ina dokar ƙasa? Akwai ta, kuma ba wasa ba ce. Dokar gasa da kare haƙƙin masu saye ta 2018, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a farkon 2019, ita ta kafa hukumar FCCPC. Ta ce mai saye yana da haƙƙin kaya masu inganci, masu aiki, marasa aibi. Idan ba haka suka zo ba, cikin wata uku yana iya mayarwa a gyara masa, ko a canja, ko a ba shi kuɗinsa. Wannan ya shafi mai shagon da ya sayar maka da faifan da na'ura ta ƙi karantawa, ko hannun gem da ya zo yana ja gefe da kansa. Rubutun nan na ƙasan rasit, "kaya in sun fita ba sa dawowa", ba ya goge wannan haƙƙi. A 2022 ma wata babbar kotun jihar Enugu ta yanke cewa tsarin "ba ma mayar da kuɗi" na wani kamfanin motocin haya ya saɓa wa dokar. Amma a lura, haƙƙin mayar da kaya na wata ukun nan ma a kan aibi yake. Ka kwana biyu kana buga faifai, ka gaji, ka kawo ka ce doka ta ce a karɓa, dokar ba ta ce ba.

Hukuncin ne aka fi juyawa. Na ji wani matashi yana gaya wa mai shago, dattijo sa'an mahaifinsa, "Baba, shekara biyar ce fa a gidan yari." E, akwai shekara biyar a dokar. Ga mutum ɗaya da ya take haƙƙin mai saye, an ce ɗaurin da bai wuce shekara biyar ba, ko tarar da ba ta wuce naira miliyan 10 ba, ko duka biyun. Ga kamfani, tarar da ba ta gaza naira miliyan 100 ba, ko kashi 10 cikin ɗari na cinikinsa na shekarar da ta gabata, wanda ya fi yawa. Kalmar "bai wuce ba" rufi ce, ba farashi ba. Kuma sai kotu ta saurari ɓangarori biyu ta kama mutum da laifi. Ba kai za ka yanke a bakin shago ba, ba kuma ɗan sandan da ka ɗauko a kan babur ba. Hanyar da dokar ta shimfiɗa ita ce ka fara komawa wajen mai kaya, in ya ƙi ka kai koke hukumar, ko ka je kotu. Rigimar faifai ɗaya, sau da yawa shugaban layin kasuwa zai raba ta kafin la'asar, in kana da rasit ko shaidar tura kuɗi.

Abin da yake ci mini rai shi ne, dokar tana iya kama wuyan Baba mai shago cikin sauƙi, amma babban kamfanin da ke ƙetare sai a hankali. Ba wai ba a taɓa kama su ba. A 2020 kotun tarayya a Ostareliya ta ci reshen Sony na Turai tarar dala miliyan 3.5 na kuɗin ƙasar, saboda an gaya wa masu saye cewa ba a mayar da kuɗin gem mai matsala bayan an sauke shi ko bayan kwana 14, alhali dokar ƙasarsu ta ba su wannan haƙƙi. Amma su da sunan ƙasarsu suka buɗe asusu. Mu kuwa mun rubuta da hannunmu cewa a Amurka muke zaune, har da lambar unguwar da ba mu taɓa takawa ba. Ranar da za ka ɗaga dokar Najeriya, takardarka ce za ta fara ba da shaida a kanka.

Ƙanen nawa, da na gama masa wannan bayani, abu biyu ya yi a daren. Ya kashe saukewar da na'ura ke yi da kanta, sannan ya kunna saitin da ke neman kalmar sirri kafin a biya komai, wanda PS4 da PS5 duk suna da shi. Ashe yaron da ke tsare masa shago ya san hanyar shiga kasuwar tun tuni, kuma da sauran dala goma sha a lalita. Washegari yaron ya same shi yana cewa, "Oga, wannan PS ɗin ta lalace, komai na taɓa sai ta ce in sa lamba."